Tallan Tufafi Da Hoton Rayuwa: Daga Bakin Tekun Amurka Zuwa Kasuwannin Birnin Gwari

1.0 Gabatarwa

Masu nazarin tarihin tattalin arzikin ƙasar Hausa sun yi rubuce-rubuce da dama a kan noman auduga da saƙa da rini da fatauci. Amma ba su cika tsayawa a kan talla ba, watau dabarar da ake yi wa mai saye har ya yarda ya kwance bakin aljihunsa. Wannan takarda ƙoƙari ce ta duban wannan ɓangare na tarihi, musamman abin da ya shafi tufafi.

Duk wanda ya saba shiga kasuwannin ƙauye irin na gabashin Birnin Gwari, inda gundumar Tabanni take, ya san tarin gwanjon da akan baje a kan tabarma ko leda. A cikin irin wannan tari ba a rasa riguna masu hoton bishiyar kwakwa, ko rana tana faɗuwa cikin teku, ko wani saurayi tsaye a kan allo yana hawan igiyar ruwa. Tsakanin Tabanni da teku kuwa akwai ɗaruruwan kilomitoci, kuma galibin masu sayen waɗannan riguna manoma ne da 'ya'yansu waɗanda ba su taɓa ganin ruwan da ya fi kogin Mariga ko na Kaduna girma ba. Saboda haka tambayoyi uku muke so mu amsa. Daga ina wannan hoto ya samo asali, kuma me aka ƙirƙire shi ya yi? Da wane irin hoto aka sayar da tufafi a ƙasarmu kafin zuwansa? Sa'an nan wace hanya ya biyo har ya iso kasuwar ƙauye, kuma me isowarsa ke nuna mana game da masaƙunmu?

2.0 Asalin Hoton Bakin Teku A Talla

A ƙasashen Turai da Amurka, zuwa bakin teku don shaƙatawa ya daɗe yana hannun masu hali. Jirgin ƙasa da dokokin aiki su suka buɗe wa talakawa ƙofa. A 1936 Faransa ta kafa dokar ba ma'aikata hutun mako 2 tare da biya, Ingila kuma ta yi tata dokar a 1938. Da ma'aikacin masana'anta ya sami hutu da ɗan kuɗi a hannu, sai bakin teku ya zama alamar cewa mutum ya huta da wahala, yana da lafiya, kuma yana da lokacin kansa. 'Yan kasuwar tufafi suka lura da wannan tun da wuri.

Misali na farko da ya kamata mu duba shi ne kamfanin Jantzen na birnin Portland a Amurka, wanda aka kafa a 1910 yana saƙa kayan ulu. A farkon shekarun 1920 kamfanin ya ɗauki hoton wata yarinya sanye da jajayen kayan iyo tana tsunduma cikin ruwa ya mai da shi tambarinsa. Aka buga hoton a mujallu da allunan gefen hanya, har masu motoci suka riƙa manna shi a gilashinsu. Abin lura a nan shi ne, hoton bai ce kome ba game da ƙarfin zare ko rahusar kuɗi. Ƙuruciya da kuzari ya nuna, ya bar mai kallo ya haɗa su da tufar a zuciyarsa.

Misali na biyu shi ne rigar nan mai furanni ta tsibirin Hawai, wadda teloli suka fara ɗinkawa a birnin Honolulu cikin shekarun 1930, da farko daga yadin da matan Japan ke ɗinka tufafinsu da shi. Sojojin Amurka da suka zauna a tsibirin lokacin Yaƙin Duniya na Biyu suka koma gida da ita, sa'an nan silima ta ƙara yaɗa ta, alal misali fim ɗin Blue Hawaii na 1961 wanda mawaƙi Elvis Presley ya fito a ciki. Bayan haka sai wasan hawan igiyar ruwa ya samu karɓuwa wajen samarin Kalifoniya da Ostireliya, ya haifar da kamfanoni nasa na kansa: Hang Ten a 1960, mai tambarin sawun ƙafa biyu, da Quiksilver a 1969, da Ocean Pacific a 1972, da Billabong a 1973.

Waɗannan kamfanoni sun fara ne da ɗinka wa masu wasan gajeren wando mai jure ruwan gishiri. Amma masu wasan ba su da yawan da za su riƙe babban kamfani, don haka ribar ta fito ne daga samarin garuruwan da ke nesa da teku, waɗanda ke son a gan su da kamannin wannan rayuwa. Babu abin da ya fito da wannan fili kamar kamfanin Hollister. An buɗe shi a shekara ta 2000 a jihar Ohayo, wadda ba ta da gaɓar teku, amma aka ƙaga masa labarin wai wani matafiyi ne ya kafa shi a gaɓar Kalifoniya a 1922, har akan buga wannan shekara a jikin rigunansa. Ashe nisan mai saye da teku bai taɓa hana wannan talla ci ba. Shi ne ma jarinsa.

3.0 Tallan Tufafi A Ƙasar Hausa Kafin Zuwan Turawa

Ba za mu ce talla baƙo ne a ƙasar Hausa ba. Kalmar kanta tamu ce, kuma sana'ar tufafi ta kai matuƙa tun kafin mulkin mallaka. Baturen nan Heinrich Barth, wanda ya zo Kano a 1851, ya ƙiyasta cewa tufafin da ake saƙawa a rina a ƙasar Kano a fitar da su waje sun kai na wuri miliyan 300 a shekara, kuma suna isa har Tambutu da Tarabulus. Turkuɗin Kura ya yi suna wajen Buzaye, marinar Ƙofar Mata tana aiki, mabuga suna fitar da ƙyalli, fatake kuma suna ratsa dazuzzuka irin na Birnin Gwari da kaya zuwa ƙasar Nupe da Gwanja.

Hajar da ta yi irin wannan tafiya lalle tana da hanyar da ake sanar da ita. Muna iya kasa wannan hanya gida huɗu. Ta farko ita ce sunan gari. Idan aka ce turkuɗin Kura ko rigar Nupe, sunan ya isa shaida, kamar yadda tambari yake a yau. Ta biyu ita ce dillali da dillaliya. Tun da matan aure da yawa ba sa fita kasuwa, dillaliya ce ke shiga gida gida da ƙunshin zannuwa, tana faɗin wadda ta saya da wadda ta ɗaura a bikin wane. Ta uku ita ce maroƙa da makaɗa, waɗanda kan yabi mutum da rigarsa da rawaninsa a bainar jama'a. Ta huɗu kuwa ita ce taro: hawan salla, ɗaurin aure, suna, naɗin sarauta. A nan ne ake ganin tsamiya da barage da saƙi a jikin masu su, kuma gani ya kori ji.

Idan muka auna waɗannan hanyoyi za mu ga su ma rayuwa suke nunawa. Bambancin yana wajen irin rayuwar. Hoton bakin teku yana nuna mutum shi kaɗai ko da budurwarsa, ya tuɓe nauyin aiki da na jama'a, ya rage tufafin jikinsa. Hoton da Bahaushe ya sani yana nuna mutum a tsakiyar jama'a, ya ƙara tufa a kan tufa, kuma yawan yadin da ke jikinsa shi ke faɗin matsayinsa. Sutura, kamar yadda kalmar ta nuna, rufin asiri ce. Wanda ya fahimci wannan zai gane dalilin da ya sa kamfanonin Turai ba su iya kawo tallansu ƙasar nan yadda yake ba.

4.0 Zamanin Kanti Da Jarida Da Rediyo

Jirgin ƙasa ya isa Kano a 1911, reshen da ya bi ta Funtuwa da Gusau kuma ya kai Ƙauran Namoda a 1929. Ta wannan hanya auduga da gyaɗa suka gangara kudu, yadin Manchester kuma ya hauro arewa. Ƙungiyar Turawan Ingila mai bunƙasa noman auduga, wadda aka kafa a 1902, ta kakkafa injinan gurza a Zariya da Funtuwa da wasu wurare, har Funtuwa ta zama cibiyar auduga ga manoman kudancin Katsina da maƙwabtansu na ƙasar Zazzau da Birnin Gwari. Kamfanoni irin su John Holt da G.B. Ollivant da UAC su ne masu sayen amfanin gona, su ne kuma masu sayar da yadi.

Tun da masu karatun boko ba su da yawa a lokacin, talla na farko da waɗannan kamfanoni suka yi amfani da shi shi ne lambar da ake mannawa a jikin bandir, mai launi da hoton dabba ko wani abu da ido zai riƙe. Mai saye ba ya bukatar karatu, sai ya nemi mai hoto kaza. Talla na tsari kuwa ya soma ne da kamfanin West Africa Publicity, wanda aka kafa a 1928 ya yi wa UAC aiki, daga baya ya zama Lintas. Da jaridar Gaskiya Ta Fi Kwabo ta fara fitowa a Zariya a watan Janairu 1939, sai aka sami fagen da za a yi talla da Hausa a rubuce. Rediyo da Talabijin na Kaduna kuma ya fara aiki a 1962, ya kai muryar mai talla da ta makaɗi har ƙauyukan da jarida ba ta zuwa.

Tarihin atamfa ya cancanci a tsaya a kansa. Asalinta kwaikwayon rinin kakin zuma ne na tsibirin Jaba a Indunusiya, wanda masana'antun Holan suka yi ƙoƙarin yi da inji. Ba ta karɓu sosai a Jaba ba, amma a ƙarshen ƙarni na 19 ta sami kasuwa a Gwalkwas, watau Gana ta yau, daga nan ta bazu. Kamfanin Vlisco na garin Helmond, wanda aka kafa a 1846, da kamfanin ABC na yankin Manchester su suka fi shahara a kanta. Ke nan atamfa da rigar Hawai 'yan uwa ne ta wata fuska, domin dukansu zanen Asiya ne da ya sake gida. Amma masu buga atamfa suna Turai, ba su san harshen masu ɗaura ta ba. Mata 'yan kasuwa da dillalai su ke raɗa wa kowane zane suna, da habaici ko da sunan wani abin da ya faru, kuma zanen da ya sami suna shi ke tafiya. Haka kuma aka riƙa buga zannuwa na tunawa, masu hoton shugabanni, alal misali lokacin samun mulkin kai a 1960 da bikin FESTAC na 1977.

A 1957 Gwamnatin Jihar Arewa, tare da kamfanin David Whitehead na Ingila, ta buɗe masaƙar Kaduna Textiles a Kakuri, ta fara da akoko. Nortex ta biyo baya a 1962, sa'an nan United Nigerian Textiles ta 'yan kasuwar Hongkong da Arewa Textiles ta Japanawa suka fara aiki a tsakiyar shekarun 1960. Manufar Sardauna Ahmadu Bello da gwamnatinsa ita ce audugar da manomin Arewa ya noma a saƙa ta a Arewa. Bayan dokar mayar da kasuwanci hannun 'yan ƙasa ta 1972, kasuwar Kantin Kwari a Kano, wadda da take hannun 'yan Labanan da Siriya, ta koma hannun Hausawa ta zama uwar kasuwannin yadi. A wannan zamani tallan masaƙu ya dogara ne ga kalanda da rediyo da shafin jarida, amma babban mai yi musu talla shi ne al'ada: lefe, da anko, da ɗinkin salla. A akwatin lefe ne ake jera atamfa bisa daraja, Holan da Sufa a sama, sauran a ƙasa, kuma matan unguwa da ke zuwa ganin kaya su ne alƙalai.

Hoton bakin teku fa? Ya shigo Nijeriya ta mujallu irin su Drum da ta manyan kantuna irin su Kingsway, wanda UAC ta buɗe a Ikko a 1948, kuma ya yi tasiri ga ma'aikata da ɗalibai na birane. Amma a Arewa bai sami gindin zama ba. Ga Bahaushe bakin teku wurin aiki ne da fatauci, inda ake lodin gyaɗa a sauke gishiri. Shahararren bakin ruwan Ikko ma, watau Bar Beach, mutanen Arewa da yawa sun fi saninsa a matsayin wurin da aka riƙa harbe 'yan fashi a bainar jama'a daga 1971. Ban da haka, tsiraicin da hoton ke ɗauke da shi ya saɓa wa tarbiyyar masu saye.

5.0 Rushewar Masaƙu Da Cikar Kasuwa Da Gwanjo

Abin da talla ya kasa shigowa da shi, talauci ya shigo da shi. A tsakiyar shekarun 1970 gwamnati ta hana shigo da atamfar waje don ta kare masaƙun gida, gwanjo ma an haramta shigo da shi. Sakamakon haka sai fasa-ƙwauri ya bunƙasa ta Kwatano da Lome da Maraɗi. A 1986 aka shiga shirin gyaran tattalin arziki, darajar naira ta faɗi, aka kuma rushe hukumomin sayen amfanin gona, har da ta auduga. Manomi ya rasa tabbacin iri da farashi, da yawa suka koma masara. Masaƙa kuma ta fuskanci tsadar kayan gyara da baƙin mai da rashin wutar lantarki. A 1997 aka janye hanin shigo da yadi, a farkon 2005 kuma yarjejeniyar duniya da ke ƙayyade cinikin tufafi ta ƙare, yadin Sin mai rahusa ya cika kasuwa, wani ma da kwaikwayon zane da lambar masaƙun gida. Kaduna Textiles ta rufe a 2002, United Nigerian Textiles kuma ta tsaya da aiki a 2007. Dubban ma'aikata suka rasa abinci.

A daidai wannan lokaci dilolin gwanjo suka yawaita a Ƙofar Wambai ta Kano da Kasuwar Barci ta Kaduna, daga nan 'yan koli ke sara su kai ƙauyuka ranar kasuwa. Ta haka rigar da aka ɗinka a Asiya, aka tallata da hoton Kalifoniya, aka sa aka gaji a Turai ko Amurka, ta ƙare a jikin yaron da ke kora shanu a ƙasar Birnin Gwari. Hoton ya iso, amma ya baro labarinsa a hanya. Mai saye yana duban kaurin yadi da ɗinki da kuɗi, bishiyar kwakwa kuwa ado ce kawai. Ranar salla ko ɗaurin aure, shadda da atamfa ake nema har gobe, gwanjo na gona ne da zaman gida. Ke nan hoton rayuwar da Bahaushe ke sayen tufa dominsa bai gushe ba. Abin da ya gushe shi ne masaƙar gida da za ta biya masa wannan bukata, har ya zama shaddar da ake alfahari da ita ta Getzner ce daga Ostiriya, atamfar talaka kuma daga Sin. Hausawa sun ce zanen aro ba ya rufe katara.

6.0 Kammalawa

Daga abin da ya gabata muna iya fitar da abubuwa uku. Na farko, tallan tufafi a ko'ina yana cin nasara ne idan ya haɗa tufa da rayuwar da mai saye ke buri. Na biyu, a ƙasar Hausa wannan aiki ya fi zama a hannun jama'a, watau dillalai da makaɗa da matan biki, fiye da hannun kamfani, kuma daga 1990 finafinan Hausa, daga baya kuma masu talla ta wayar hannu, sun gaji wannan matsayi. Na uku, duk shirin farfaɗo da masaƙu da ya tsaya ga inji da bashi da wutar lantarki, bai waiwayi masu zane da masu raɗa suna da masu kai haja gida gida ba, ya bar rabin aikin.

Akwai kuma nauyin da ya rataya a wuyanmu mu malamai. Shaidun wannan tarihi masu saurin lalacewa ne: kalanda, da lambar bandir, da faifan rediyo, da littattafan samfurin zane na masaƙun da aka rufe. Tsofaffin jaridu suna nan a Gidan Arewa da Ma'ajiyar Tarihi ta Ƙasa a Kaduna, amma akan karanta labaransu a tsallake shafin talla. A ƙauyuka kuwa, adakar tsohuwa ita ce ma'ajiyar tarihi, domin ita ta san sunan kowane zane da shekarar da aka yi yayinsa. Rashin tsaron da ya addabi ƙasar Birnin Gwari tun daga shekarun 2010 ya tashi ƙauyuka da dama, kuma mai gudun ceton rai ba ya ɗaukar adaka. Sulhun da aka ƙulla a ƙarshen 2024, wanda ya sa aka sake buɗe kasuwar shanu ta Birnin Gwari, ya ba da wata dama. Muna ba da shawara ga sassan Hausa da na Tarihi a kwalejojin ilimi da jami'o'i su tura ɗalibai su tattara sunayen zannuwa daga bakin dillalai da tsofaffin mata, su ɗauki hotonsu, su kuma zauna da tsofaffin ma'aikatan Kakuri, musamman masu zane, tun suna da rai.